Tarihin Rayuwata, Kashi na Bakwai: Yadda Kyamara Ta Wuce Zaure

A makon jiya na tsaya a inda na kammala karatun wasan kwaikwayo a Jami'ar Ahmadu Bello da ke Samaru. Lokacin da na fito, harkar finafinan Hausa, wadda ta kankama a Kano tun 1990, ta riga ta saba da salonta: falo mai manyan kujeru, saurayi da budurwa, sannan waƙa da rawa. Ban raina wannan salo ba, domin ya ciyar da mutane da yawa, amma matan da na tashi a hannunsu ba a falo suke wuni ba.

Fim ɗina na farko a gidan Gwaggo na ɗauke shi, a cikin birnin Zariya, idan an shige Ƙofar Doka. Da muka iso da kayan aiki, sai ta leƙo ta ga samari uku a bayana, ta ce, "Ke 'yar nan, namiji ba ya wuce zaurena. In aikin naki ne, ɗauki abinki ki shigo." A nan zaure mai ɗaukar hoto ya nuna mini abin da zai iya nunawa, na shiga da kyamara hannuna yana rawa.

Saboda nauyin kyamarar sai na zauna a kan kujera 'yar tsugunno, kuma daga ranar na daina ɗaukar mace daga sama, domin duk wanda ya zauna daidai da mai tankaɗe zai ga abin da na tsaye ba ya gani. A cikin fim ɗin akwai wurin da ake gaya wa uwargida za a yi mata kishiya. A rubuce kuka za ta yi, amma na hana ta, na tsayar da hoton a kan hannuwanta, rariya ta tsaya cak na ɗan lokaci, sannan ta ci gaba da kaɗawa fiye da ƙima har gari ya zuba a ƙasa.

Dillalin da na kai wa fim ɗin a Kano ya ce shirun ya yi yawa, kuma ba zai karɓa ba sai da waƙa. Na koma Zariya na ɗauko masa waƙar daka, mata uku a kan turmi ɗaya, muryar Gwaggo tana fitowa daga madafa tana gyara musu amshi. Abin da ya ce da ya gani, sai mako mai zuwa in Allah Ya kai mu.