Rigar Ƙirare

Laraba, da dare.

Yau aiki bai yi yawa ba, saboda haka bayan na kafa hannun wata riga da hantsi sai na rufe keken ɗinki, na zauna ina kallon hotuna da bidiyon ayyukan Nick Cave, wani baƙar fata ɗan Amurka da aka haifa a 1959, wanda yake koyar da fasahar tufafi a Shikago. Akwai mawaƙin Ostareliya mai irin wannan suna, kuma sai da na ɓata lokaci a kansa kafin na gane ba shi nake nema ba.

Labarin rigarsa ta farko ne ya tsaya mini a rai. A watan Maris na 1991 'yan sandan Los Anjelis suka lakaɗa wa wani baƙar fata mai suna Rodney King duka, aka ɗauki abin a bidiyo, duniya ta gani. A 1992, shekarar da kotu ta wanke 'yan sandan har gari ya rikice da tarzoma, Cave yana zaune a wani lambun shaƙatawa sai idonsa ya faɗa kan ƙirare a ƙasa, abin da kowa ke takawa ya wuce. Ya tattara su, ya huda kowanne, ya ɗaure su ɗaya bayan ɗaya a jikin riga har ta rufe mutum daga kai zuwa ƙafa. Da ya saka ta ya motsa, sai ƙiraren suka yi ta gogar juna suna ƙara, daga nan ya raɗa mata suna Soundsuit, wato riga mai ƙara. Tun daga lokacin ya yi ɗaruruwansu, da maɓallai da duwatsun ado da gashi mai launi.

Ni tela ne, kullum da tef nake auna kafaɗa da ƙugu domin riga ta fito da mai ita. Shi kuwa da gangan yake ɓatar da mai rigar, ta yadda mai kallo ba zai san launin fatarsa ba, ko namiji ne ko mace, mai hali ne ko talaka, balle ya yanke masa hukunci tun bai buɗe baki ba.

Da farko raina bai kwanta da wannan ba, domin na ga kamar an yarda ke nan cewa sai baƙar fata ya ɓuya zai tsira. Amma da na maimaita bidiyon wani mai rawa a cikin rigar, na ƙara sauti, sai na sauya ra'ayi, don mai neman ɓuya ba ya saka abin da zai riƙa kacau-kacau a kowane taku.

Da yamma na jawo gwangwanin da nake tara tsofaffin maɓallai, na ɗinka guda ashirin sako-sako a kan wani ƙyalle, na girgiza shi kusa da kunnena. Ƙarar ba ta taka kara ta karya ba, yatsana kuma har yanzu yana zogi inda allura ta soke ni.