Salansa Ba Ɗaya Ba Ce

Ƙarar ta fara ne a hanyar Techiman, muna dawowa Kumasi daga ɗaurin auren ɗan ƙanwata. Ba irin wadda ke sa mutanen gefen titi su waigo ba ce. Wani gunji ne ƙasa-ƙasa, kamar ƙudan zuma sun shiga tulu, yana tasowa daga ƙarƙashin kujera ya cika kunne. In na ɗaga ƙafa daga totur sai ya lafa, in na sake takawa allurar da ke nuna zagayen inji a minti ta haura 2,500 sai ya dawo. Kafin mu iso Offinso ƙaramar 'yata ta fara kukan ciwon kai, maiɗakina ta ce, "Malam, motar nan fa wari take yi." Na ce mata hayaƙin tirelar da ke gabanmu ne. Babu wata tirela a gabanmu, ita ta gani, ni ma na gani. Muka zuge gilasai muka ƙarasa gida a haka.

Motar Toyota Corolla ce ta 2006, mai injin lita 1.8, irin waɗanda ake shigowa da su daga Amurka ta tashar jiragen ruwa ta Tema. Ni kuma aikina sayar da yadi ne a Kejetia, gidana a Aboabo. Yawancin tafiyar motar ke nan: gida zuwa kasuwa, kasuwa zuwa gida, rabin lokacin a tsaye cikin cunkoso. Ku riƙe wannan, zai dawo.

Washegari da sassafe na kai ta wurin wani mai walda da ke bakin titi kusa da unguwa. Kafin ya tambaye ni komai na riga na yanke hukunci, na ce masa, "Salansa ce ta fashe." Shi kuma bai yi mini musu ba. Ya tsuguna a bayan mota, ya leƙa babbar tukunyar nan ta baya, ya ga tsatsa a jikinta, ya ƙwanƙwasa da sifana, ya ce sai an canja. Muka sayo wata ta hannu, ya ɗaura. Kwana biyu ina rantsuwa ƙarar ta ragu, don wanda ya biya kuɗi kunnensa ma yakan taya shi ƙarya. A rana ta uku na hau titin filin jirgi inda hanya ta ɗan buɗe, gunjin ya dawo daram, ko gezau bai yi ba.

Ban ɗora wa mai waldan laifi duka ba. Mu a bakinmu duk abin da ke ƙarƙashin mota yana fitar da hayaƙi sunansa salansa, daga inda ya fito a jikin inji har bakin bututun baya. Na ce salansa, ya canja abin da aka fi sani da salansa. Alhali abubuwa ne jere a kan bututu ɗaya, kowanne da aikinsa.

Kawuna, wanda ya yi shekaru yana tuƙa tasi kafin idonsa ya raunana, shi ya ce in daina ɓarnar kuɗi in tafi Magazin. Wanda bai san Kumasi ba, Magazin da ke Suame gari ne guda na makanikai, masu walda, masu fenti da masu kayan gyara, kuma an ce sunan ya samo asali ne daga ma'ajiyar makaman soja ta zamanin Turawa. In ba ka san wanda za ka nema ba, yaran da ke tare motoci a bakin hanya za su kai ka inda suke da kaso. Kawu ya kwatanta mini rumfar wani dattijo ɗan Zango wanda ba ya taɓa komai a mota sai hanyar hayaƙi.

Na same shi zaune a kan tsohuwar kujerar mota yana shan koko. Na gaishe shi, na faɗi wanda ya aiko ni, na fara zuba bayani. Ya ɗaga hannu. "Ɗana, kashe ta tukuna. Je ka ci waakye ka dawo. Ba na sa hannu a bututu mai zafi, kuma ɓaraka ta fi magana in ƙarfe ya yi sanyi." Daga baya ya bayyana mini cewa ƙarfe yana faɗaɗa in ya ɗau zafi, ƙaramar tsaga takan matse ta yi shiru, shi ya sa wasu motocin suke ƙara da safe su daina in sun yi tafiya.

Bayan kusan awa ɗaya muka tura motar kan rami. Ya ce in sauko tare da shi. Ina sanye da farar riga, na yi jim, ya ce, "Motarka ce ko tawa?" Na sauka.

Daga ƙasa ya bi bututun da yatsa yana nuna mini. Ga inda ya haɗu da inji, da notina biyu masu sifirin. Ga katalis, tukunyar da ke tace hayaƙi, da wata 'yar na'ura mai waya a bayanta wadda ke auna iskar da ta rage a cikin hayaƙin tana kai wa kwamfutar mota rahoto, akwai kuma irinta a gaba. Ga wata doguwar tukunya siririya daidai ƙarƙashin kujeru. Sannan can baya ga babbar da na canja. "Wannan ta tsakiyar," in ji shi, "masu karatu rezoneta suke ce mata. Mu tukunyar tsakiya muke cewa."

Ya sa yaronsa ya tayar da mota, ya dunƙule tsumma ya toshe bakin bututun baya da ƙafarsa. In hanyar hayaƙi lafiya take, hayaƙin zai ture tsumman, injin ma ya fara shaƙewa. Tamu ko a jikinta. Sai wani "fyuu" da ya tashi a saman kawunanmu. Masta, wato dattijon, ya kai bayan hannunsa kusa da tukunyar tsakiya ba tare da ya taɓa ta ba, ya kama hannuna ya kai wurin. Na ji iska mai ɗumi tana bugun fatata, bugu-bugu, daidai da numfashin inji. Amma da ido babu abin da ake gani, cikin tukunyar da ke kallon ƙasa sumul yake. Ya ciro wani ɓallin madubi daga aljihu, ya cusa tsakanin tukunyar da ƙasan mota, ya haska da tocilan waya. A cikin madubin na ga tsaga mai tsawon ɗan yatsa a kan ɗinkin tukunyar ta sama, baƙin ƙunci ya zagaye ta, har ya yi tabo a jikin farantin da ke kare zafi. Sauran mahaɗan ya shafa musu ruwan sabulu, babu inda ya yi kumfa. Da aka kashe mota ya buga tukunyar da tafin hannu, sai ga ƙara a ciki kamar tsakuwa a gwangwani.

Duk binciken bai kai minti goma ba, kuma kayan aikin tsumma ne, da madubi, da sabulu.

Na tambaye shi me ya sa fitilar inji ba ta kama a gabana ba. Ya ce saboda ɓarakar tana bayan na'urorin aunawa ne, kwamfuta ba ta da labarinta. Da a gabansu take, iskar waje za ta riƙa shiga ta rikita awon, fitila ta kama, mota ta soma shan mai. Na tambayi maganar ciwon kan yarinya. Nan fuskarsa ta canja. Ya nuna mini wata robar toshe rami a ƙasan mota da ta zazzage, kusa da tsagar. Da na koma gida na karanta, abin da ke sa ciwon kai da jiri a hayaƙin mota iska ce da ake kira kabon monoksaid, ba ta da launi ba ta da wari. Warin da maiɗakina ta ji na wasu abubuwa ne da ke tafe tare da ita. Har yau in na tuna maganar tirelar nan sai kunya ta kama ni.

Aikin tukunyar tsakiya daban yake da na ta baya. Injin mai silinda 4 yana fashewa sau biyu a kowane zagaye, wato in allura tana kan 3,000, sau 100 ke nan a daƙiƙa ɗaya hayaƙi ke fitowa da bugu. Ta baya tana da ɗakuna da shinge a ciki, hayaƙi ya yi ta kewaye har ƙarfin ƙarar gaba ɗaya ya ragu. Ta tsakiya kuwa bututu ne miƙaƙƙe mai huji-huji a cikin kwanso. Sautin yana shiga kwanson ya dawo ya ci karo da mai zuwa, su kashe juna, kamar yadda igiyar ruwa ke dawowa daga gefen baho ta kwantar da wata. An auna girmanta ne don ta kashe wani amo na musamman, wato gunjin nan da ke damun na cikin mota a kan doguwar hanya. Shi ya sa na waje bai ji komai sosai ba, mu na ciki muka sha wahala. Da na san wannan tun farko, kunnena kaɗai ya isa ya gaya mini ba ta baya ba ce.

Zaɓi huɗu Masta ya ajiye mini. A yi faci, wanda ya ce shi ba zai yi ba, don ƙarfen da ke gefen tsagar ya zama kamar takarda, wuta na taɓa shi zai ɓurme. A cire tukunyar a sa bututu miƙaƙƙe, ya fi araha, mota za ta yi tafiyarta, amma gunjin ya zauna ke nan har abada. A sayi bututun gaba ɗaya, domin a irin wannan Corolla katalis da tukunyar tsakiya a jikin bututu ɗaya suke. Ko kuma a yanke tukunyar kaɗai a yi waldar wata. Na zaɓi na ƙarshe.

A kan na ukun ya ja kunnena. Cikin katalis akwai ƙarafa masu tsada, filatinom da faladiyom da rodiyom, shi ya sa ake sayen tsohonsa da daraja. Akwai wanda zai ce maka "a canja duka a huta", ya ɗaura maka bututun da an riga an ƙwaƙule cikinsa, ya riƙe naka mai kyau. Ya ce ko a wurinsa ne, kada in bar mota in tafi in ana aiki a wannan bututun.

Sayen tukunyar ma karatu ne. Ya zagaya zare a jikin bututun ya ƙulla, ya auna tsawon tukunyar da wani zaren, ya haɗa ni da yaronsa. Ta farko da aka miƙo mana fes take a waje, yaron ya girgiza ta, tsatsa ta zubo daga bakinta, ya mayar. Ta biyu bakinta ya fi namu faɗi. Ta uku ta dace, ya ɗaga ta sama ya leƙa ta ciki yana kallon rana, ya ce hujojin nan lafiya. Da mai kaya ya faɗi kuɗi ya ce miliyan kaza, gabana ya faɗi na ɗan lokaci duk da na saba. Tun 2007 aka canja kuɗi, sidi 10,000 na da ya koma sidi ɗaya, amma har gobe a Magazin akwai masu lissafi da tsohon kuɗi, miliyan ɗaya a bakinsu sidi 100 ne.

Aikin ya ci kusan awa biyu, kuma rabinsa notina ne suka cinye. Tsatsa ta kama su, sai da aka jiƙa su da mai, aka gasa ɗaya da wuta kafin ya motsa. Masta ya fara zare wayar na'urar aunawa don kada nauyin bututu ya tsinke ta. Ya yanke tsohuwar tukunya, ya gwada sabuwar a jikin mota, ya ɗiga walda wuri uku kawai don ta tsaya a mazauninta. Daga nan ya sauke bututun gaba ɗaya ƙasa ya zagaye ɗinkin da waldar gas. Dalilinsa biyu: a jikin mota hannu ba ya kaiwa saman bututu, wurin da masu gaggawa ke bari a buɗe, sannan tankin mai da bututansa ba su da nisa. Ya ƙara da cewa duk ranar da za a yi mini waldar lantarki a jikin mota, in tabbata an cire kan batir. Muka sa sabon gaskit, zoben nan da ke mahaɗar gaba, don tsohon ya murƙushe. Robobin da ke rataye bututun guda biyu sun tsattsage, su ma aka canja, kuɗinsu bai kai na abincin rana ba. Ya ce in roba ta saki, nauyi da girgiza duk a kan ɗinkin walda suke sauka, ga kuma tudun rage gudu da suka cika hanyoyinmu suna jiran duk abin da ya yi ƙasa.

Kafin in tafi na roƙe shi ya fasa mini tsohuwar in gani. Ya tsaga ta biyu. Bututun ciki ya rabu da mazauninsa, shi ne mai ƙarar tsakuwa, kwanson kuma ya cinye daga ciki, jajawur, yana ɓarewa kamar ɓawon albasa. Na ce ai na ɗauka gishirin da ake zubawa a titunan Amurka lokacin ƙanƙara ne ya ci ta. Ya ce wannan yana ci daga waje, kuma ya yi nasa, amma wannan cin na ciki ruwa ne. Ashe kowace lita ta fetur da ta ƙone tana fitar da kusan lita guda ta ruwa a matsayin tururi. In mota ta yi doguwar tafiya bututu ya yi zafi sosai, tururin ya fice. In kuwa daga Aboabo zuwa Kejetia ne kullum, a kashe ta kafin ta gama ɗumi, ruwan a ciki yake kwana. Yanzu ranar Lahadi nakan kwashi yara mu miƙa hanyar Ejisu mu dawo, su suna ganin yawo ne.

Aka sake toshe bututu da tsumma, wannan karon injin ya shaƙe har tsumman ya yi tsalle. Aka toshe ramin ƙasan mota da sabuwar roba. Na biya, na yi godiya, Masta ya ce in gaida Kawu, in kuma dawo bayan mako ɗaya ya duba notina.

A hanyar gida na tsaya wurin mai waldan farko, don Masta ya ce tsohuwar tukunyata ta baya mai yiwuwa lafiyarta ƙalau, tsatsar waje ce kawai, kuma ta kamfani ce, ta fi wadda na saya. Na tambaye shi ina take. Ya ce ai tun ranar masu sayen tsohon ƙarfe suka wuce da ita.