Abin da koyar da littafin yarinyar da ta zaɓi barci ya koya mini

Ottessa Moshfegh marubuciya ce 'yar Amurka, haifaffiyar Boston a 1981, mahaifinta ɗan Iran, mahaifiyarta 'yar Kuroshiya. A 2018 ta fitar da My Year of Rest and Relaxation, labarin wata budurwa mai shekara 26 a birnin New York wadda ta ƙudurta kwashe shekara guda tana barci. Har littafin ya ƙare ba a faɗi sunanta ba. Kyakkyawa ce, ta yi karatun tarihin zane-zane a Jami'ar Columbia, tana da masauki nata na kanta a unguwar masu hannu da shuni, ga gadon da iyayenta suka bar mata. Daga tsakiyar watan Yuni na 2000 ta ja ƙofa ta rufe. Ba ta fita sai zuwa shagon wasu Misirawa da ke kusa ta sayo kofi, ko kantin magani, ko wajen likitarta. Sauran lokacin kuma ƙwayoyi ne da tsofaffin kaset na finafinan Whoopi Goldberg da Harrison Ford, tana kallo har barci ya sake ɗauke ta.

Na sa littafin cikin jerin waɗanda muke karantawa da ɗalibaina na ajin ƙarshe, a darasin ƙagaggun labarai na zamani. Niyyata ta farko mu duba yadda marubuci ke riƙe mai karatu da bakin mutumin da ba a so. Wannan darasin mun yi shi. Amma abin da ya fi zama a raina wani ne daban, kuma ɗaliban ne suka kai ni gare shi.

Hukuncinsu na farko bai ɗauki lokaci ba. Wani ya ce, “Malama, wannan ai ƙoshi ne ya yi mata yawa. Da tana neman abin da za ta ci da ba ta samu lokacin barci ba.” Wata ta ce yarinyar ba ta da tarbiyya, ba ta da tausayi, kuma ita ba ta ga dalilin da za a sa mutum ya zauna da irin wannan halitta har shafi ɗari biyu da wani abu ba. Ban musa musu ba, domin akwai gaskiya a ciki. Kuɗi ne ya saya mata wannan janyewar, marubuciyar ma ba ta ɓoye hakan ba. Abin da na tambaye su kawai shi ne, wa ya yi dariya yana karantawa? Hannuwa suka ɗaga a hankali, kowa yana satar kallon na kusa da shi. Kusan duk ajin. Kuma kusan dukansu a wuri ɗaya suka yi dariyar, wato wajen Dakta Tuttle.

Dakta Tuttle likitar ƙwaƙwalwa ce da yarinyar ta tsinto a littafin lambobin waya. Ofishinta da kyanwoyi, wuyanta da abin ɗaure wuya na masu ciwo, bakinta cike da nasihohin da ba su da kai ba su da gindi. Duk ƙwayar da aka nema sai ta rubuta, har da wadda ba a nema ba. Yarinyar tana yi mata ƙaryar rashin barci, ita kuma tana ƙara mata magani a kan magani. Abin dariyar da ke maimaituwa shi ne likitar ba ta taɓa riƙe cewa iyayen yarinyar sun rasu ba. Sai ta sake tambaya game da su, yarinyar ta sake gaya mata sun mutu, a wani zuwan kuma a koma gidan jiya.

Na sa muka dawo kan waɗannan wuraren, muka karanta su da ƙarfi, a tsanake. A karatu na biyu dariyar ta ragu. Wata ɗaliba da ba ta cika magana ba ta ce, “Malama, ashe wannan ne kaɗai wurin da take faɗin abin da ke damunta da bakinta, kuma wadda take gaya wa ba ta ji.” Nan ne na fahimci aikin da barkwancin yake yi a littafin. Da Moshfegh ta rubuta mana marainiya tana kuka a kan kabari, da mun tausaya mata mun wuce, domin mun san wannan hoton, mun saba da shi. Sai ta ba mu wadda ke zagi, tana raina kowa, tana ba mu dariya, ta bar mu mu gano da kanmu cewa mun yi dariya a daidai inda ciwon yake. Kunyar da mai karatu ke ji bayan dariyar ita ce ke sa ya koma baya ya duba da kyau.

Idan ya duba, ga abin da zai tarar. Mahaifinta malamin jami'a ne, ciwon daji ya kashe shi tana tsakiyar karatunta. Bayan mako shida mahaifiyarta ta haɗa giya da ƙwayoyi ta kashe kanta. Kuma gidan da ta tashi a cikinsa ba gidan ɗumi ba ne. Uban yana nesa ko da yana zaune a falo, uwar kuma har maganin barci take niƙawa ta zuba mata a madara tana jaririya don ta huta da kukanta. Abin da ta fi tunawa na kusanci da uwar shi ne barcin da suke yi tare a gado ɗaya. Da mutum ya riƙe wannan, shirin barcin shekara guda ya daina zama shirme. Wurin da ta taɓa samun uwarta ne take komawa.

Wannan ya buɗe mana maganar da ban taɓa yi da ɗalibai ba: yaya mutum ke makokin wanda bai nuna masa so ba? Muna cewa labarin zuciya a tambayi fuska, amma akwai rashin da fuska ba ta san yadda za ta nuna shi ba, domin mai shi ma bai tabbatar da abin da ya rasa ba. Ya rasa uwa, ko kuwa ya rasa damar da yake jira ta wata rana uwar ta dube shi da ido na rahama? Irin wannan mutumin ba zai yi kuka a gaban jama'a ba. Zai yi shiru, ko ya yi fushi, ko ya kwanta.

Wani ɗalibi ya ce wannan ciwon Turawa ne, mu Allah Ya rufa mana asiri da zaman makoki. Ya lissafa: a yi jana'iza a ranar, a shimfiɗa tabarmi a ƙofar gida, maƙwabta su aiko da abinci, a yi sadakar uku, wasu gidajen har da ta bakwai da ta arba'in, matar mamaci ta shiga takaba wata huɗu da kwana goma. Babu wanda ake bari shi kaɗai. Na yarda da shi cewa wannan babbar ni'ima ce, kuma littafin kansa yana nuna abin da rashinta ke haifarwa, domin yarinyar ba ta da kowa da zai zauna da ita ya ce Allah Ya ji ƙan rai. Sai dai wata daga baya ta ɗaga hannu ta ce, “To bayan an naɗe tabarmin fa?” Ta ce kowa ya san yadda gida ke komawa idan baƙi sun watse, kuma wanda ya ci gaba da baƙin ciki bayan nan sai a fara ce masa ba shi da tawakkali. Ajin ya yi tsit. Ita ce kuma ta tuna mana cewa a cikin Suratu Yusuf, Annabi Yakubu ya juya wa 'ya'yansa baya saboda baƙin cikin rabuwa da Yusuf har idanunsa suka yi fari, kuma ba a kira shi marar haƙuri ba. Ta ƙara da cewa shekarar da Nana Khadija da Abu Ɗalib suka rasu, sunan da tarihi ya ba ta shi ne shekarar baƙin ciki. Ban shirya wannan a takardar darasina ba, kuma ya fi duk abin da na shirya nauyi.

Sai Reva. A wurina ita ce zuciyar littafin, ko da yake mai ba da labarin tana iya ƙoƙarinta ta sa mu raina ta. Ƙawarta ce tun jami'a, mai surutu, mai hassada a fili, kullum tana cikin damuwar ƙiba da kayan yayi, tana haddace maganganun littattafan gyaran rayuwa tana maimaitawa. Takan faɗo gidan ba sallama ba gayyata, ta zauna ta yi ta zuba, yarinyar tana jiran ta tafi. A daidai wannan lokacin mahaifiyar Reva tana kwance da ciwon daji, tana mutuwa a hankali. Wato mutum biyu ne masu rashi a ɗaki ɗaya, ɗaya ta ɓuya cikin barci, ɗaya ta ɓuya cikin surutu, kuma mai barcin ce kawai muka fara ɗauka da muhimmanci saboda ita ke riƙe da alƙalami.

Akwai wurin da nake so ƙwarai. Yarinyar ta riga ta nuna ba za ta je jana'izar mahaifiyar Reva ba. Sai ta sha Infermiterol, wata ƙwaya da marubuciyar ta ƙirƙiro wadda ke sa mutum ya yi kwana uku yana yawo bai san inda kansa yake ba. Da ta farfaɗo sai ta tsinci kanta a cikin jirgin ƙasa mai zuwa Long Island, sanye da farar rigar gashi, a kan hanyar gidan makokin. Abin dariya ne, kuma abin tausayi ne. Abin da bakinta ya ƙi, ƙafarta ta aikata. Na ce wa ɗalibai su lura da wannan dabarar: idan mai ba da labari ba abin yarda ba ne, a daina sauraron abin da yake faɗa game da kansa, a bi sawunsa a ga inda yake zuwa.

Dole kuma na tsaya na yi wata magana wadda ba ta adabi ba. Littafin yana wasa da ƙwayoyi, wasu na gaske irin su Valium da Xanax da Ambien, kuma a ƙarshe yarinyar ta sa wani mai zane, Ping Xi, ya kulle ta a gida wata huɗu, ta fito a watan Yuni na 2001 tana jin kamar an wanke ta. Wannan ƙage ne. A zahiri wanda ya yi haka gawarsa za a fitar. Kuma mu ba baƙi ba ne ga neman barci a kwalba. A shekarar da littafin ya fito, 2018, binciken sashen Africa Eye na BBC a kan maganin tari mai kodin ya nuna matasa a Kano cikin mawuyacin hali, har gwamnatin tarayya ta hana sarrafa shi da shigo da shi. Bambancin kawai, 'yar New York tana da takardar likita da gadon iyaye, namu kuma ana kiran su 'yan ƙwaya a wuce. Ba kasafai ake tambayar wane abu ne yarinya ko matar aure ke gudu ba har ta gwammace kada ta farka. Ɗalibin da ya ce ƙoshi ne ya yi wa yarinyar yawa shi ne ya fara kawo wannan kwatancen, kuma na ji daɗin hakan.

Abin da ya canza a aikina ƙarami ne a ido. A kowane aji akwai wanda ke ɓacewa a tsakiyar zango. Ya daina zuwa lacca, ya daina miƙa aiki, idan ya zo kuma ya zauna a baya ya kifa kai a tebur. Tsarin makaranta yana da suna ɗaya a gare shi, wato malalaci, kuma yana da magani ɗaya, wato a hana shi zama jarrabawa. Yanzu kafin in cike wannan takardar sai in aika a kira mini shi. Ba na yi masa wa'azi. Ina tambayarsa ya gida, ya su Baba, ya su Mama. Wani lokaci lalacin ne da gaske, sai mu yi maganar lalaci. Wani lokaci kuma sai ka ji an yi rashi tun watanni da suka wuce, an yi zaman makoki an tashi, ya dawo makaranta kamar kowa, daga baya ne abin ya sauko masa. Irin waɗannan nakan haɗa su da sashen ba da shawara, in kuma sa ido ko akwai wani aboki mai naci irin na Reva a kusa da su. Idan kuwa aka gaya mini an yi rashi, ina rubutawa a gefen sunan ɗalibin, don kada in sake tambayarsa abin da ya riga ya gaya mini.

Babi na ƙarshe shafi ɗaya ne. An mayar da Reva aiki a dogayen tagwayen benayen nan na New York, sai ga 11 ga Satumba, 2001, ranar da aka kai wa benayen hari da jiragen sama. Yarinyar ta naɗi labaran talabijin a kaset, tana ta maimaita kallon wata mata da ta faɗo daga bene, tana ganin kamar Reva ce. Ajin ya rabu biyu a kan wannan. Wasu sun ce nan ne yarinyar ta fara ganin wani mutum da idon gaske. Ni ina tare da ɗaya ɓangaren. Reva ta sha wulaƙanci daga farkon littafin zuwa ƙarshe, ta rasa uwarta, ta ci gaba da ƙwanƙwasa ƙofar da ba a son buɗe mata, sannan aka mayar da mutuwarta abin da ƙawarta za ta farka da shi. Wannan ya yi mini ciwo, kuma ina ganin marubuciyar ta ci bashin da ba ta biya ba. Na faɗa musu haka a fili, na kuma ba su aikin gida su rubuta wannan ranar ta jana'izar Long Island daga bakin Reva.