Godiya daga teburin marubuta, bayan kammala rubutun zango

Assalamu alaikum. Alhamdu lillahi, an rufe rubutun kashi 13 na wannan zango na wasan kwaikwayonmu, kuma an miƙa wa darakta. Mu marubuta muna miƙa godiya ga waɗanda sunansu ke wucewa da gudu a ƙarshen shiri, ba mai tsayawa ya karanta.

Farko mai kula da ci gaban labari. Mai kallo yana zaton ana ɗaukar shiri a jere, daga kashi na 1 zuwa na 13. Ba haka ake yi ba. Wuri ake bi: idan an karɓi aron falon wani gida na kwana uku, duk fitowar da ta faɗo a falon nan, ta kashi na 2 da ta kashi na 11, a kwanakin za a ɗauke su. To idan marubuci ya sauya magana ɗaya a kashi na 4 bayan an tashi daga gidan, abin da aka ɗauka na kashi na 11 ya tashi banza, sai dai a sake biyan kuɗin wuri da janareta da abincin ma'aikata. Wannan baiwar Allah ita ke riƙe da littafin da ke nuna wa ya san wane sirri, tun yaushe, da wace atamfa aka sa a ranar. Allah ya saka miki da alheri, Hajiya.

Sai malaman da suka duba mana fitowar aure da gado. Ba a yi wa bazawarar da mijinta ya rasu aure sai ta cika takaba, wata huɗu da kwana goma, mai ciki kuwa sai ta haihu. Matar mamacin da ya bar 'ya'ya tumuni take samu, wato ɗaya bisa takwas. Kuskure a nan ba ya wuce masu kallo, ballantana Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano, wadda ke kan wannan aiki tun 2001. Mun gode, Allah gafarta malam.

Mun gode wa masu tace hoto. A ƙa'ida shafi ɗaya minti ɗaya ne, amma gaisuwarmu ba ta san ƙa'ida ba: "ina kwana, ina gajiya, ya iyali" kaɗai kan cinye rabin shafi, shiri mai minti 45 ya tafi 55. Su ke rage shi ba tare da an ga Bahaushe ya shiga gida babu sallama ba.

Ɗan'uwanmu da ya gyara Sakkwatancin jaruma, da masu buga rubutu da ba su yar da ƙugiyar ƙ da ɗ da ɓ ba, har ɗan wasa ya karanta "ƙasa" a matsayin "kasa", duk mun gode.

Allah ya bar zumunci, ya kai mu ranar haskawa lafiya.