Muryar da na ɓoye a cikin waya

Shekara shida ke nan ina koyar da Hausa a wata ƙaramar sakandaren 'yan mata da ke wani ƙauye a yankin Ringim, kuma tun zuwana aka ɗora mini kula da ƙungiyar wasan kwaikwayo. Abin koyina a lokacin bai wuce finafinanmu na Kano ba. A can, waƙar da ake gani a bakin jaruma galibi ba ita ta rera ba. Mawaƙa irin su Fati Nijar da Maryam A. Baba ne ke shiga situdiyo, jaruma kuma ta hau kai ta yi mamin. Haka ni ma na raba ɗalibaina: waɗanda ba sa tsoron taro su fito fili, masu murya kuma in naɗe su a wayata, ranar wasa a saka a lasifika.

Cikin masu muryar akwai wata siririyar yarinya da ke fara kai wa innarta fura bakin kasuwa kafin ta zo aji. In ta ɗaga murya, har 'yan ajin da ke maƙwabtaka da mu sai sun yi tsit. Sau biyu tana ce mini, "Malama, ni ma ina so in fito." Na ce mata kowa da kiwon da ya karɓe shi.

A ƙarshen watan Yulin 2024 na ji a rediyo cewa Onyeka Onwenu ta rasu a Legas tana da shekara 72, jim kaɗan bayan ta gama waƙa a wani taron biki. Ni a mawaƙiya kawai na san ta, mai farin gashin nan a gaban goshi. Da na bi tarihinta sai na ga ashe kaɗan na sani. 'Yar Arondizuogu ce ta jihar Imo, mahaifinta ya rasu tana 'yar shekara huɗu. Ta yi karatu a Amurka, ta dawo ta kama aikin jarida a NTA, inda a 1984 ta gabatar da wani shiri tare da BBC kan yadda aka barnatar da arzikin ƙasar nan. Ta yi waƙa da King Sunny Ade kan tsarin iyali. Ta shiga fim, har ta fito a uwar Genevieve Nnaji a Lionheart na 2018. A 2013 kuma aka ba ta shugabancin cibiyar bunƙasa mata ta ƙasa da ke Abuja.

Duk wannan ya burge ni, amma abu ɗaya ne ya hana ni barci. A shekarar 2000 ta je ƙofar gidan talabijin ɗin da ta taɓa yi wa aiki ta yi yajin cin abinci, saboda ana saka waƙarta ba a biyan ta haƙƙinta. Mace mai wannan suna ta zauna da yunwa don a san murya tana da mai ita. Ni kuwa shekara biyu ina cin moriyar muryar 'yar mutane, ana tafa wa wata, ko sunanta ban taɓa ambata a gaban taro ba. Wallahi na ji kunyar kaina.

Gidansu na fara zuwa. Innarta na dama fura, ta saurare ni har na kai aya, sannan ta ce, "Malama, in dai da hijabinta ne, kuma babanta ya yarda, ai 'yarki ce." Baban ya yarda bayan ya ji wasan a kan karatun 'ya'ya mata ne.

Gwajin ya ba mu wuya. Tana ganin idanu a kanta sai muryar ta shige ciki, ta juya wa mutane baya. Sai da muka yi mako biyar, kullum bayan an tashi, ina jera mata ƙawayenta a kan benci, yau uku, gobe goma, har ta saba. A nan na gane fitowa fili ma koyon ta ake yi, ni ce ban taɓa koya mata ba.

Ranar rabon kyaututtuka na karɓi lasifika na faɗi sunanta da na mahaifinta kafin a fara. Ta manta layi ɗaya a tsakiya, ta ɗan tsaya, ta ɗora. Da ta kai kan waƙar, na hango innarta can baya wajen mata, ta sauke ƙwaryar furarta ƙasa, ta rangaɗa guɗa.