Kunyar da ta kayar da ƙarar wata shugabar ƙauye a Indiya

Ƙannena masu karatun lauya, lokacin da nake karatu a Indiya na yi aikin sa-kai a wani ofishi mai ba marasa ƙarfi shawarar shari'a kyauta, kuma a can na yi kuskuren da har yau yake ci mini rai. Wata mata 'yar Dalit, wato mutanen da tsarin fifikon asali na ƙasar ya ajiye a ƙasan kowa, ta kawo mana kuka. An zaɓe ta shugabar majalisar ƙauyensu, wadda suke kira fancayat, a kujerar da gyaran kundin tsarin mulki na 73 na shekarar 1992 ya keɓe wa irinsu, amma ana tsakiyar zama wani ɗan majalisar ya miƙe ya zage ta da sunan asalinta, ya ce ƙasa ce wurin zaman irinta.

Ni aka ba aikin tsara koken da za a kai wa 'yan sanda. Tafinta ya faɗa mini kalmar zagin ƙarara, amma ni na tashi a gidan da ba a maimaita ashar ko da a matsayin ba da labari, don haka na rubuta cewa mutumin ya ci mutuncinta da munanan kalamai. Na ɗauka na kare mata martaba, alhali ƙashin bayan ƙarar na cire. Dokar 1989 mai hana zaluntar Dalit da ƙabilun asali, wadda aka yi wa gyara a 2015, ta tanadi ɗaurin wata shida zuwa shekara biyar a kan irin wannan zagi, sai dai alƙali yana so ya ga ainihin kalmar da aka furta kafin ya rarrabe cin zarafin asali da cacar baki ta yau da kullum. Idan takarda ba ta faɗi kalmar ba, ba ya ƙirƙiro ta da kansa.

Kuskurena na biyu shi ne shaidu. Na sa sunan mijinta da ƙaninta kawai, domin su ne suka rako ta, ban tambayi su wa da wa ke zauren ba. Dokar ta shar'anta cewa a yi zagin a idon jama'a, kuma tun a 2008, a shari'ar Swaran Singh, Kotun Ƙolin Indiya ta bayyana cewa ko a cikin gini aka yi shi laifi ne muddin akwai mutanen gari a wurin, ba dangi da abokai kaɗai ba. A 2020, a shari'ar Hitesh Verma, ta ƙara da cewa rigimar fili ba ta zama laifi a ƙarƙashin wannan doka don kawai mai ƙara Dalit ne. Ta wannan ƙofar lauyan abokin ƙararmu ya bi, ya ce saɓani ne kan kuɗin gyaran hanya aka lulluɓe da rigar asali, kuma takardata ba ta da abin da zai ƙaryata shi.

Na kuma ba da shawarar a fara barin dattawan ƙauyen su gwada sulhu, wanda ya cinye makonni, kuma jinkirin da ba a bayyana dalilinsa ba kotu tana kallonsa da zargi. Babbar kotun jihar ta soke ƙarar.

Saboda haka idan wanda aka zalunta ya zauna a gabanku, ku rubuta maganar yadda aka faɗe ta, da harshen da aka faɗe ta, komai muninta, tare da rana da lokaci da wurin. Ku nemi littafin zaman majalisar tun ranar farko, domin a ciki ake samun sa hannun waɗanda suka halarta, kuma a cikinsu ne shaidun da ba dangi ba suke. Ni ban nemi littafin ba sai bayan hukunci, matar kuwa ta ci gaba da jagorantar zama a zaure ɗaya da mutumin da ya zage ta har wa'adinta ya ƙare.