Idan The Sims 4 ya ƙi tashi, a duba foldar Documents kafin a ƙona data

Duk wanda ya daɗe yana buga The Sims 4, wasan nan na gina gida da rainon iyali, a kwamfuta ya san akwai ranar da zai danna alamar wasan, koren lu'ulu'un nan ya bayyana yana juyawa a tsakiyar allo, sannan ko dai juyawar ta ƙi ƙarewa, ko kuma allon ya yi baƙi na ɗan lokaci ya mayar da mutum inda ya fito ba tare da wani bayani ba. Abin da akasarin mutane ke yi a wannan hali shi ne su goge wasan baki ɗaya su sake sauke shi, kuma a ganina babu shawarar da ta kai wannan tsada da ƙarancin amfani. A ƙasashen da ba a ƙidaya wa mutum gigabait, asarar ba ta wuce ta lokaci ba. A wurinmu kuwa, inda ake sayen data da awo kuma ana iya ɗauke wuta ana tsakiyar saukewa, sake ɗauko wasan da ke neman filin da ya kai gigabait 25 a kwamfuta, ban da ƙarin fakitocinsa, ba ƙaramin hukunci ba ne. Abin takaicin shi ne sau da yawa bayan an gama wannan wahala, wasan yakan sake tsayawa daidai inda ya tsaya a da.

Dalilin haka yana cikin yadda aka tsara wasan. The Sims 4 yana zaune ne a wurare biyu daban-daban. Wuri na farko shi ne inda aka girka shi, galibi cikin Program Files, kuma a nan ne injin wasan yake tare da hotunansa da sautukansa. Wuri na biyu wata folda ce da wasan ke ƙirƙira wa kansa a cikin Documents, ƙarƙashin Electronic Arts, mai suna The Sims 4. A cikin wannan ta biyun ne ake samun duk abin da ya shafi mai wasan shi kansa, wato iyalan da ya raina a cikin saves, gidajen da ya gina ya adana a cikin Tray, saitunansa a cikin Options.ini, da kuma ƙare-ƙaren da ya sauke daga intanet a cikin Mods. Goge wasan da sake girka shi wuri na farko kawai yake taɓawa, foldar Documents kuwa tana nan yadda take, kuma ita sabon wasan zai fara karantawa da zarar ya tashi. Idan a cikinta cutar take, to an bar jaki ana dukan taiki.

Akwai dalilin da ya sa wannan folda take yawan zama tushen matsala. Will Wright ne ya tsara The Sims na farko a kamfanin Maxis, aka fitar da shi a shekarar 2000, kuma an sha ba da labarin cewa gobarar Oakland ta 1991, wadda ta cinye gidansa, tana cikin abin da ya sa shi tunanin wasan da ake gina gida a cika shi da kaya. Na biyu ya fito a 2004, na uku a 2009, na huɗu kuma a watan Satumba na 2014. Ke nan wasan da muke magana a kai ya haura shekara goma ana yi masa gyare-gyare da ƙarin fakitoci, kuma tun daga watan Oktoba na 2022 da aka mayar da ainihin wasan kyauta, jama'a masu yawa suka shigo da kwamfutoci iri-iri. A tsawon wannan lokaci 'yan wasa ba su zauna suna jira ba, sun yi ta ƙirƙirar nasu tufafin da kitso da kayan ɗaki da sababbin dokokin wasa. Masu son su ga mutane irinsu a allo sun fi kowa dogara da waɗannan ƙare-ƙare, domin sai a 2019 aka saka hijabi da hula a cikin wasan, kuma sai a Disambar 2020 aka ƙara launukan fata fiye da ɗari, alhali kafin nan masu sha'awa ne suka riƙa cike giɓin da hannunsu. Saboda haka ban ga laifin wanda foldarsa ta Mods ta cika ba, sai dai ya kamata ya san nauyin da ya ɗauka.

Gwajin da nake farawa da shi ba ya cin ko megabait ɗaya. Kwanakin baya 'yar ƙanwata ta kawo mini kwamfutarta ido ya yi ja, ta ce, “Kawu, tun jiya ya ƙi tashi, kuma gidan da na yi wata guda ina ginawa yana ciki.” Na tabbatar wasan a rufe yake, na shiga Documents, na ɗauke foldar The Sims 4 ɗungurungum na ajiye ta a Desktop, sannan na ce ta danna wasan. Ta tsaya tana kallona kamar na zubar mata da dukiya, sai da na buɗe foldar na nuna mata saves da Tray suna nan lafiya kafin ta yarda ta danna. Da wasan ya nemi foldarsa bai same ta ba, sai ya ƙirƙiri sabuwa fes, ya tashi cikin ɗan lokaci ya nuna mata fuskar da yake nuna wa sabon shiga, babu iyali babu gida. Wannan tashin shi ne amsar da muke nema, domin ya nuna cewa injin wasan lafiya lau yake, kwamfutar ma tana iya ɗaukarsa, matsalar tana cikin abin da muka ajiye a gefe. Daga nan muka rufe wasan, muka kwafo saves da Tray zuwa sabuwar foldar, ya sake tashi da gidanta a ciki. Da muka mayar da Mods kuwa sai lu'ulu'un ya koma juyawarsa marar iyaka.

Ƙare-ƙaren nan iri biyu ne, kuma sanin bambancinsu yana rage wahala. Akwai fayilolin da sunansu ke ƙarewa da .package, waɗanda yawancinsu tufafi ne da gashi da kujeru, akwai kuma masu ƙarewa da .ts4script, waɗanda aka rubuta da yaren Python kuma suke shiga cikin dokokin wasan su canza su. Na biyun sun fi saurin lalacewa, saboda duk lokacin da aka sabunta wasan ana iya sauya wani sashe da suka dogara da shi, sai su riƙa kiran abin da ba ya nan. Shi ya sa wasan da kansa yake kashe Mods bayan sabuntawa, amma mutane da yawa sukan garzaya cikin saituna su kunna su nan take ba tare da sun koma shafin wanda ya ƙirƙira sun ga ko ya fitar da sabon bugu ba. Akwai kuma dokar zurfi da ake yawan mantawa: fayil na .ts4script ba ya aiki idan aka binne shi fiye da folda ɗaya a cikin Mods, yayin da na .package ke iya kaiwa zurfin folda biyar.

Gano fayil ɗaya da ya lalace cikin ɗaruruwa ba ya bukatar a bi su ɗaya bayan ɗaya. Ana raba su gida biyu, a saka rabi a gwada, idan wasan ya tashi to mai laifin yana cikin rabin da ke waje, idan ya ƙi yana cikin wanda aka saka, sai a sake raba wannan rabin biyu. Da wannan lissafi fayil 200 ba sa wuce gwaji takwas. Sharaɗi ɗaya da ba na sakaci da shi shi ne goge fayil ɗin localthumbcache.package kafin kowane gwaji, domin a cikinsa wasan ke ajiye ragowar bayanan abubuwan da ya taɓa lodawa, kuma yana iya ci gaba da tuntuɓe da mod ɗin da aka riga aka cire. Gogewar ba ta da haɗari, wasan zai sake ƙirƙirar wani. Haka kuma bai kamata a adana wasa ana cikin gwaji ba, don kada iyalin su wayi gari babu gashi babu kayan ɗaki saboda rabin kayansu yana waje. A kwamfutar yarinyar nan mai laifin wani ɗan ƙaramin mod ne na tsohon bugu, wanda ita kanta ta manta ranar da ta sauke shi.

Idan kuwa an ɗauke foldar kuma wasan ya ci gaba da ƙin tashi, to a lokacin ne ake juyawa ga wuri na farko, kuma ko a nan ma ba a fara da gogewa. Manhajar EA app ta sauke wasanni, wadda ta maye gurbin Origin da aka rufe a watan Afrilun 2025, tana da umarnin Repair a jikin kowane wasa, Steam, wani dandalin sauke wasanni, shi ma yana da makamancinsa na tantance fayiloli. Aikinsu shi ne su bi fayilolin wasan su gwada su da na asali, su sauke waɗanda suka lalace kawai. Wannan ya dace da halinmu ƙwarai, domin ɗaukewar wuta ko yankewar intanet ana tsakiyar sabuntawa takan bar fayil ɗaya ko biyu a gurgunce, kuma babu hikima a sake sauke gigabait ashirin da wani abu saboda su. Wani lokacin ma abin bai kai nan ba: wasan ya rufe a ido amma yana nan yana gudana a ɓoye, sai ya hana sabo tashi. Buɗe Task Manager a kashe TS4_x64.exe, ko a sake kunna kwamfutar, ya wadatar.

Akwai wani rukunin matsaloli da ke tasowa daga tsaron kwamfutar. Windows yana da wani saiti mai suna Controlled folder access da ke hana manhajojin da bai amince da su ba yin rubutu a cikin Documents, kuma wasan da ba zai iya rubutu a foldarsa ba ba zai yi nisa ba. Manhajojin kariya daga bairos ma sukan yi haka. Maganin shi ne a saka wasan cikin jerin waɗanda aka yarda da su, ba a kashe kariyar gaba ɗaya ba. Kusa da wannan akwai batun OneDrive, ma'ajiyar fayiloli ta Microsoft a intanet, wanda idan an kunna masa ajiyar Documents yakan mayar da foldar ƙarƙashinsa, sai mutum ya yi ta gyara wata folda alhali wasan wata daban yake karantawa. Kafin a fara kowane gwaji yana da kyau a dubi adireshin da ke saman taga a tabbatar da wadda ake ciki.

Baƙin allo kuwa galibi maganar hoto ce. A 2024 aka fara mayar da wasan daga DirectX 9 zuwa DirectX 11, wato tsarin da Windows ke zana hoton wasanni da shi, kuma kwamfutar da direban katin hotonta (manhajar da ke sarrafa katin) ya tsufa tana iya kasa tafiya da sabon. Sabunta direban daga shafin kamfanin da ya ƙera katin shi ne gyara na gaskiya, amma kafin nan ana iya rubuta -dx9 a gurbin umarnin tashi na wasan a cikin EA app ko Steam don a koma tsohon tsari, ko -w don wasan ya buɗe a cikin taga maimakon ya cika allo. Goge Options.ini ma yana mayar da saitunan hoto yadda suka zo. Kwamfutocin tafi-da-gidanka masu katin hoto biyu kan ɗora wasan a kan ƙaramin don tsimin batir, sai an shiga saitunan Windows an zaɓa masa babban. Idan kuma saƙo ya fito cewa babu MSVCP140.dll ko VCRUNTIME140.dll, abin da ake bukata shi ne a girka Visual C++ Redistributable daga shafin Microsoft. Ina jan kunnen kowa game da shafukan da ke ba da fayil ɗin dll guda ɗaya a sauke, domin ba a san abin da aka cusa a cikinsa ba.

Wajibi ne kuma a faɗi gaskiya game da injin. Yawancinmu kwamfutar hannu, wato wadda aka riga aka yi amfani da ita, muke saya, kuma RAM mai gigabait 4 shi ne mafi ƙarancin abin da wasan ke nema, 8 ne ake ba da shawara, sannan dole Windows ɗin ya kasance mai 64-bit tun da an daina bugun tsofaffin injuna a ƙarshen 2022. A irin wannan kwamfuta, da fakitoci da Mods masu yawa, lodawa na iya ɗaukar mintuna, musamman tashin farko bayan an goge fayilolin wucin gadi, kuma mutane kan kashe wasan da ƙarfi suna zaton ya mutu alhali aiki yake yi. A jona caja, a rufe burauza, a ɗaga bayan kwamfutar daga kan katifa don fanka ta samu iska, a kuma kunna Laptop Mode a cikin saituna idan an samu shiga. Su kuwa kwafin da ake loda wa mutane a kasuwa, ba ni da abin cewa a kansu illa cewa ba su da Repair kuma ba sa karɓar sabuntawa, ga shi ainihin wasan kyauta ne.

Saura yanayi ɗaya da ya fi tayar da hankali, wato wasan ya tashi lafiya amma ya tsaya ko ya rufe da zarar an zaɓi iyali. Wannan yakan nuna cewa fayil ɗin adanawa ne ya samu rauni, sau da yawa saboda kwamfutar ta mutu ana cikin adanawa. A cikin foldar saves, kusa da kowane fayil mai ƙarewa da .save, akwai wasu masu irin sunansa da ke ƙarewa da .ver0 har zuwa .ver4, waɗanda su ne kwafin adanawa biyar na baya da wasan ke ajiyewa da kansa. Ana iya dawo da ɗaya daga cikin shafin loda wasa, ko kuma a kwafe shi a cire wutsiyar .ver ɗin a ba shi lambar da babu mai ita. Tun da biyar ɗin juyawa suke yi, kowace sabuwar adanawa tana ture mafi tsufa, don haka wanda ya ga alamar lalacewa ya dakata da adanawa, ya kwafe foldar saves duka zuwa filashi tukuna, sannan ya fara gwada su daga na baya-bayan nan zuwa mafi tsufa.